Ranar da Na Ari Ƙafar Baba a Kasuwar Batsari

Ba zan taɓa mantawa da wata Alhamis ta kasuwar Batsari ba, ko da zan yi tsufan da zan riƙa neman ɗankwalina alhali yana kaina. Shekara huɗu ke nan da faruwar abin, amma yanzu haka da na ɗauki biro sai da na goge tafin hannuna a zani har sau biyu. In ka ga rubutun ya karkace, ba teburin ba ne, ni ce.

Ni 'yar Safana ce. Babana dillalin shanu ne (ba zan rubuta sunansa ba, abin da na yi masa ya isa, ba sai na ƙara da kiran suna ba). Duk mai shiga kara daga Safana har Batsari ya san shi. Yana jin Fillanci kamar a ruga aka yanke masa cibiya, kuma yana ɗan ɗingisa ƙafar hagu, tun wani bijimi da ya shure shi ina goye. A duk zuri'armu shi ne ya fara barin ɗiya mace ta wuce firamare. Ranar da takardar sakandare ta zo, yayansa, Baffa Sale, ya wuni a zaurenmu yana faɗa, mu muna tsakar gida muna ji.

"Ɗiya mace in ta yi boko, kunya ke fara zube mata," in ji Baffa. "Yau ta karanta takarda, gobe ta karanta maka laifinka a gaban mutane. In duk sun tafi makaranta, wa zai daka? Turmi zai daka kansa?"

Baba ya bar shi ya gama, sannan ya ce, "Yaya, na ji. Ranar da ta zubar min da mutunci, ni da kaina zan je in ɗauko akwatinta." Ni kuma da zan shiga mota, abu ɗaya ya gaya min: "Kada in ji sunana a bakin mutane saboda ke."

Na riƙe wannan magana shekara uku cur. A ta huɗu ne Malama Ladi ta zo.

Baturiya ce 'yar Ingila. Sunanta na gaskiya ya gagari harshenmu, da yake ran Lahadi ta sauka a makarantar sai muka raɗa mata Ladi, ta kuwa karɓa har tana sa hannu da shi a littattafanmu. Mijinta yana cikin masu haƙa rijiyoyin burtsatse a ƙauyuka, ita kuma tana koya mana Turanci don kada zama ya kashe ta. A ƙasarsu 'yar wasan kwaikwayo ce. Tana da wani kundin hotuna da muke rububin kallo a barandarta: ga ta nan da doguwar riga, ga ta nan da farar hula riƙe da faranti. Muka ce, "Malama, ashe ke shahararriya ce!" Ta yi dariya har da hawaye, ta ce, "Shekara bakwai na yi ina shigo da shayi, in ce an yi baƙo, in fita. Shi ke nan shaharar."

Kai, zamani! Shekarun nan ne kuɗin mai ya fara shigowa, har mu 'yan makarantar kwana muka ji ƙamshinsa. Aka canza mana katifu. Shayin safe ya fara zuwa da madara, ran Juma'a har da kifin gwangwani. Malamanmu maza duk suka sayi babura, suna zagaya filin wasa a banza don mu gani. Da yamma kuwa, in an tashi daga aji, sai mu taru a gindin dalbejiya, Malama Ladi ta cire takalmi ta koya mana yadda ake jefa murya ta isa bayan taro ba tare da ihu ba. Har yau in na ji ƙamshin furen dalbejiya sai in ji kamar za ta tafa hannu ta ce a sake daga farko.

A shekarar ce gwamnati ta ce kowane yaro sai ya shiga firamare, aka nemi makarantarmu ta zagaya garuruwa da wasan da zai ja hankalin iyaye su bar 'ya'ya mata. Hausar Malama ba ta wuce gaisuwa da cinikin tumatir ba, don haka ita ta tsara ƙashin labarin, ni ta ɗora wa rubuta maganganun. Labarin ba wuya: wani tsoho mai taurin kai, Malam Tanko, ya hana ɗiyarsa zuwa makaranta, har wata rana wasiƙa ta zo masa ya rasa mai karanta masa. Ƙawata Talatu ce ɗiyar. Da yake makarantar mata ce zalla, kuma ni ce doguwa mai kaurin murya, sai rigar Malam Tanko ta faɗo a kaina.

Maganganun tsohon ba su ba ni wahala ba, don ina da su a kunne tun ranar zaure. Jikin ne ya ƙi. Malama ta kalle ni na yi zagaye biyu cikin babbar riga, ta riƙe kai ta ce, "Wannan ba tsoho ba ne. Yarinya ce da aka aika sayen gishiri ta sa rigar wani." Daga nan ta ba ni shawarar da ta kusa raba ni da karatu. Ta ce, "Kada ki ƙirƙiro tsoho daga kanki. In kin je hutu ki nemi tsoho na gaske ki kalle shi. Yadda yake zama, yadda yake tari, inda yake ajiye hannu. Ki sato shi gaba ɗaya. Mu haka muke aiki."

Ba ta tambaye ni wane tsoho ba, ni ma ban tsaya na tambayi kaina ba. To, don Allah, ɗiya budurwa a Safana wane namiji za ta zauna ta ƙura wa ido? Mutum ɗaya ne nake kai wa abinci zaure kullum.

Hutun nan kaf a kan Baba na yi shi. Ina durƙushe ina zuba masa fura, ina satar yadda yake gyara murya. Ina leƙe ta ramin zana in Fulani sun zo ƙofar gida da saniya. Baba yana da wata al'ada in an taya dabba da arha: sai ya gyara murya sau biyu, ya wurga hannun riga a kafaɗa, ya juya baya kamar ya tafi ke nan, ya yi taku uku da ɗingishinsa, sannan ya waiwayo ya nuna mutum da sanda ya ce, "Albarka, ɗan'uwa. Albarka!" Na ce a raina, shi ke nan, na samu. Haka Malam Tanko zai kori malamin makaranta. Na riƙa zagayawa bayan rumbu ina gwadawa da muciya a madadin sanda. Wata rana Inna ta ritsa ni.

"Ke, lafiya ƙafarki?"

"Ƙaya ce, Inna."

Da muka koma makaranta na yi wa Malama, sai da ta zauna a ƙasa don dariya. Muka yi wasan a garuruwa biyu masu nisa da gida, ya karɓu fiye da zato. A na biyun har wata tsohuwa ta jefe ni da ɓawon rake tana cewa, "Mugun tsoho, bar yarinya ta je!" Malama ta ce wannan jifa ta fi tafi daraja. Ta ce in na gama makaranta za ta rubuta wa wani da ta sani a Kaduna, wataƙila a sa ni a talabijin. Talabijin! Ni da sau biyu na taɓa ganinsa, shi ma ta tagar gidan firinsifal. Kaina ya kumbura har ɗankwali ya fara yi min kaɗan.

Wata ranar Laraba aka ce an ƙara gari na uku. Gobe, Batsari, ranar kasuwa.

Baba bai taɓa fashin Alhamis ɗin Batsari ba. Na ja Talatu gefe na gaya mata komai. Ta zaro ido ta ce, "Ke, wai daman Babanku ne? Amma ke ba ki da hankali ko kaɗan." Da ta ga ina shirin kuka sai ta sassauta: "To ki bar ɗingishin kawai. Ki yi tsoho mai lafiya." Ni ma na yi wa kaina lissafin da ya kwantar min da hankali: kara can ƙarshen kasuwa take, Baba ba ya tsayawa kallon wasa ko na 'yan kama ne, kuma kafin la'asar ya nemi motar Safana. Ban gaya wa Malama ba. Kunya ta hana ni (ka ji fa, wai kunya, a wannan matakin).

A filin firamare da ke gefen kasuwa aka haɗa mana tebura shida, aka ɗaure makirfo a jikin gora, lasifika kuma a kan motar makaranta. Bayan azahar ne, rana tana dukan ƙeya. Aka naɗa min rawani da zanin gado, aka manna min gemun gashin akuya da ƙaro. Mutane suka cika fili, masu tallar nono, 'yan koli, har da waɗanda suka hau katanga.

Wallahi da niyyar tafiya daidai na hau teburin nan. Na yi fitowar farko ƙafa lafiya lau, taron ya yi tsit, dariya ɗaiɗai. Ni kuma na riga na saba da ihu. Sai na ce bari in ɗan gyara murya kawai, ai kowane tsoho yana yi. Na gyara sau biyu. Wani ya ƙyalƙyale a gaba. Na ce to bari in ƙara da hannun riga. Daga nan ban san lokacin da ƙafar hagu ta karɓi aikinta ba.

Wani mahauci da tiren tsire a ka ya tsaya cak, ya ƙwala: "La'ilaha illallahu! Jama'a, wanga ai dillalin nan ne na Safana!" Ya kira sunan Baba ɓaro-ɓaro. Sunan ya bi taro kamar wutar kara. Dariyar da ta tashi ban taɓa jin irinta ba, mutane suna dukan cinya, wani ya faɗo daga katanga. Da ina da hankali da nan na tsaya. Amma rawani ya toshe min kunne rabi, zafin wasa ya toshe sauran. Na ɗauka gwanintata ce. Na ƙara wuta. Ashe wani abokin ba'ar Baba ya riga ya ruga kara ya ce masa, "Taso ka ga kanka a kan tebur."

Muka zo wurin da na fi so. Talatu tana durƙushe gabana tana roƙon in bar ta ta je makaranta, yarinyar da ta fito a malami tana tsaye da rajista. Na buɗe murya na ce, "Ɗiya mace in ta yi boko, kunya ke fara zube mata! In duk sun tafi, wa zai daka? Turmi zai daka kansa?" Na gyara murya. Na wurga hannun riga. Na juya baya, taku ɗaya, biyu, uku. Na waiwayo na miƙe sanda.

Bakin sandar ya sauka daidai kan Baba.

Yana tsaye a sahun gaba, taro ya dare masa. Fulani biyu da yake ciniki da su suna gefensa, a ɗaya gefen Baffa Sale ya harɗe hannu. Babu dariya a fuskar Baba, babu fushi. Kallona kawai yake.

"Albar…" na ce, sauran ta maƙale.

Abin da ya biyo baya ba ni na yanke shawararsa ba. Tun ina 'yar shekara huɗu gwiwoyina suka san abin da ake yi in an ga Baba, kuma ba su tsaya neman izini ba. Malam Tanko, da rawaninsa da gemunsa da babbar rigarsa, ya zube a kan tebur ya durƙusa irin na mata, ya sunkuyar da kai, ya ce da 'yar siririyar murya, daidai bakin makirfo:

"Baba, ina wuni."

Lasifika ta kai gaisuwar nan har layin masu gishiri. Ga Talatu durƙushe gabana, ga ni durƙushe gaban Baba, ga gemu ya saki ɓangare ɗaya saboda gumi yana lilo a haɓata. Sai Baba ya amsa, a natse, yadda kowa zai ji:

"Lafiya lau, Alhaji. Ya ƙafar?"

Ihun da aka yi, na tabbata shanun kara sun firgita. Amma ba ihun ne ke hana ni sukuni har yau ba. Baba ya juya zai tafi, sai na ga yana takawa a hankali, yana danne ƙafar hagu da ƙarfi don kada ta ɗingisa a gaban mutane. Tun da nake ban taɓa ganin ya ɓoye ta ba.

Ban san yadda aka ƙare wasan ba. A mota Malama Ladi tana ta murna, ta ɗauka wani sabon salo na ƙara, har tana cewa durƙuson nan ya yi ma'ana. Talatu ce ta fassara mata. Na ga fuskarta ta yi ja har kunne. Ta ce, "A wurinmu in ka kwaikwayi babanka a dandali, kujerar gaba zai nema." Sannan ta riƙe hannuna ta ce, "Ni na aike ki sata ban tambayi gidan wa za ki shiga ba." Ta so ta je Safana ta ba da haƙuri, na roƙe ta da Allah ta bari. Baturiya a ƙofar gidanmu, ai an ƙara wa kasuwa labarin wata shida.

Mako biyu suka rage a yi hutu. Duk motar da ta tsaya a ƙofar makaranta sai in ce ga Baba ya zo ɗaukar akwati. Bai zo ba. Na ɗauko akwatin da kaina na tafi gida.

Inna ta tarbe ni a tsakar gida, ta dube ni daga sama har ƙasa ta ce, "Ƙaya ce ko?" Ba ta ƙara ba. Daga baya ne, muna tsinkar zogale, ta gaya min Baba ya yi fashin Batsari Alhamis biyu a jere. Da ya koma, yara da manya suna ganinsa sai su ce albarka. Baffa Sale kuwa kullum da hantsi yana zaure, ina jiyo shi: "Ai na faɗa. Kai ka yi alkawari da bakinka." Baba yana amsa gaisuwata, amma a taƙaice, ba ya dubana. Aka ɗora akwatina can saman na Inna, inda ake ajiye abin da ba a buƙata kusa. Saura shekara ɗaya in gama, ga shi ina kallon shekarar a saman kaya.

Ana jibi komawa makaranta, bayan la'asar, Baba ya aiko a kira ni. Na durƙusa a bakin zaure, nesa da tabarma. Ya daɗe yana ɓare goro.

"Maganganun da tsohon nan ke yi, wa ya ba ki? Baturiyar?"

"A'a, Baba. Ni na rubuta."

"Duka?"

"Duka."

"Hm." Ya tauna goro. "Na tsaya a baya na ji da yawa kafin in matso. Tarin nawa ne. Ƙafar tawa ce. Amma turmin da zai daka kansa, wanga ba maganata ba ce."

Na ƙara sunkuyar da kai.

"Ɗingishi ba abin kunya ba ne, bijimi ne ya ba ni, kowa ya sani. Dariya kuma ta kasuwa ce, tana tashi da kasuwa. Abin da ya ci min rai, ke da na tsaya miki, kin ɗauki maganar Yaya Sale kin ɗora a kan ƙafata. Yanzu rabin Batsari sun ɗauka ni ne mai hana ɗiya karatu."

Nan na fashe da kuka, irin mai majina. Ya bar ni na yi mai isata.

"Yaya ya ce in cika alkawari," ya ce. "Na ce masa to, amma sai mu fara zuwa kara tare in gaya wa mutane mai maganar turmi. Bai sake tayar da zancen ba." Na ga gefen bakinsa ya ɗan motsa. "Ki koma ki gama. Rigar maza kuwa kin sa ta ƙarshe. Rubutun ki riƙe, don na ga yana kama mutum. Amma in za ki rubuta mutum, ki ba shi ƙafarsa. Tashi ki ce wa uwarki ta sauke akwatin."

Malama Ladi ta koma ƙasarsu kafin mu yi jarrabawar ƙarshe, aikin rijiyoyin mijinta ya ƙare. Bara ta aiko min wasiƙa. Ta ce ita ma ta ajiye farantin shayi har abada, yanzu rubuta wasanni take yi wa talabijin ɗin can. Sunanta yana fitowa a ƙarshen shiri, daidai lokacin da kowa ya tashi zuwa kicin, kuma wai ba ta taɓa jin daɗin aiki kamar haka ba. Ta tambaye ni lafiyar ƙafar Baba. Ban isar da saƙon ba.

Ni kuma ina koyarwa a firamare, ina rubuta gajerun wasanni ina aikawa gidan rediyo. An sa uku. In za a sa, Baba yakan ɗauki rediyonsa ya zauna a zaure ya kasa kunne kamar mai duba haƙoran saniya, yana neman wanda aka sato. Baffa Sale kuwa da na shigo da kwanon fura sai ya tsuke baki, ko tari ba ya yi sai na fita. Kwanan baya an ce in zo Kaduna a gwada muryata, na ce ina da mura. Ina jin murar za ta daɗe.

Abu ɗaya ne bai dawo ba. Baba ya daina taku ukun nan. Yanzu in an taya da arha sai ya girgiza kai kawai, kamar kowane dillali. Wani lokaci nakan leƙa ta ramin zana ko zai manta ya yi, bai taɓa mantawa ba.

Darasin da na ɗauka dai ba mai zurfi ba ne. In Baturiya ta ce ki sato tsoho, ki fara tambayar ranar kasuwar garinsu. In kuma ya zama dole sai na gida, to ki tabbata ƙaro ya kama gemun sosai, don gwiwa ba ta san ana wasa ba.